Karan ɗorin da ke tsakiyar sunan 'yata

Ranar Talata da hantsi maiɗakina ta sauka. Ina zaune kan benci a barandar asibiti, carbi a hannu, ban ma san abin da nake ja ba, sai wata ma'aikaciyar jinya ta leƙo ta ce, "Malam, barka da arziki, an samu mace." Maza biyu gare mu kafin ita. Tun rasuwar Inna, wadda a lokacin ta shekara biyu a ƙasa, na ƙudurta cewa duk ranar da Allah Ya ba ni 'ya mace, sunanta za a mayar. Saboda haka da aka miƙo mini jaririyar a naɗe cikin zani, na yi mata kiran salla a kunnen dama da iƙama a na hagu, a raina batun suna ya riga ya ƙare. Abin da ya hana ni raɗa mata shi nan take, nauyin da yake da shi ne a bakina.

Sunan Inna na yanka Fatima. Ban san haka ba sai da na shiga sakandare, aka ce mu rubuto sunan uwa a wata takarda, na je na tambayi Gwaggo. Duk unguwa Binta suka sani, mu kuma Inna. Har yau ban taɓa ɗaga murya na kira sunan ba. Shekara 14 ina koyar da Hausa, kowace shekara sai na samu masu wannan suna uku ko huɗu a aji, kuma dukkansu "mai sunan Inna" nake ce musu, in sun yi yawa in bambanta su da sunan uba.

Daren Laraba, bayan 'yan barka sun watse, Gwaggo na tsakar gida tana kashe wutar ruwan wankan jego, maiɗakina ta ce, "Malam, ka tsai da suna ne?" Na ce ai ta sani. Ta yi shiru tana gyara wa jaririyar hula. Can ta ce, "Allah Ya jiƙan Inna, ta cancanci fiye da haka. Ni dai Hajiya ce take faɗo mini a rai. Jikokinta mata biyar, har yau ba a yi mata takwara ba." Iyakar abin da ta ce ke nan, ba ta kuma sake tayar da zancen ba. Hajiya mahaifiyarta ce, tana nan da ranta a Katsina, ita ta riƙe mana yaranmu wata huɗu cur lokacin da Inna take jinya. Sunanta Zahra'u.

A al'adarmu uba ke zaɓen suna, babu wanda zai ce na yi laifi in na tsaya kan nawa. Amma na kwana ina juyi. Alkawarin da na ɗaukar wa mamaciya ba na son saɓa shi. Roƙon da mai jego ta yi cikin kunya kuma ba irin wanda mutum zai ji ya kau da kai ba ne.

Ranar Alhamis bayan isha'i na jira mutane suka ragu a masallaci, na matsa kusa da Liman, na ce, "Allah Ya gafarta Malam, shawara na zo nema." Da yake ba zan iya faɗar ko ɗaya daga cikin sunayen ba, wannan na uwa, wancan na suruka, sai na rubuta su da ajami a bayan wata takarda na miƙa masa. Ya haska da fitilar waya, ya duba, ya yi murmushi, ya ce, "Malam, ai mutum ɗaya ka rubuto mini sau biyu."

Ba wai ban sani ba ne. Tun muna makarantar allo muke jin Faɗimatuz Zahra'u a bakin masu wa'azi da masu bege. Amma damuwa ta rufe mini ido, Inna da Hajiya kawai nake gani, ban hango 'yar Manzon Allah (SAW) da su duka biyun suka ci sunanta ba. Liman bai bar ni na tashi ba sai da ya warware mini kalmomin. Ya ce asalin kalmar farko a Larabci yaye ne, wato raba yaro da nono, shi ya sa masu fassara kan ce wadda aka yaye daga abin ƙi. Ta biyun kuma laƙabi ce, ma'anarta mai haske, mai annurin fuska. Ya ja mini kunne a kan wani kuskure da yake yawan ji: mutane kan ce ma'anarta fure. Ya ce akwai zahratu da ke nufin fure, tushensu ɗaya, amma laƙabin Nana mai hamza ne a ƙarshe, shi ne na mace daga azhar. Sunan da masallacin nan na Alƙahira ke ɗauke da shi ke nan, wanda daular Faɗimiyya ta fara ginawa a shekarar 970, kuma abin da ya shahara shi ne daga laƙabinta aka samo shi. Ni kuma sai tauraruwar nan ta faɗo mini a rai, wadda ke rakiyar jinjirin wata da magariba, mu Hausawa muke ce mata Zara matar wata. Ita ma daga tushen hasken take.

Sai Liman ya shiga tarihin 'yar Manzon, muryarsa ta yi sanyi. 'Yar Nana Khadija, matar Sayyadina Aliyu, uwar Hasan da Husaini, wadda mahaifinta ya ce tsoka ce daga jikinsa, wadda kuma ba ta wuce wata shida a bayansa ba ta bi shi. Ya ce, "Ka sa mata duka biyun. Ba suna biyu ba ne, suna ne da rigarsa."

Da na koma gida na faɗa wa maiɗakina, ba ta ce komai ba, ta ja bakin mayafi ta rufe fuska.

A gaskiya haɗa suna da laƙabinsa ba baƙon abu ba ne a ƙasar Hausa, mun dai saba da shi ne har ba ma lura. Halimatu Sadiya, Hauwa'u Kulu, A'isha Humaira, Rabi'atu Adawiyya, Khadijatul Kubra, a maza kuma Umar Faruk da Ibrahim Khalil, duk a bakinmu suke tun kaka da kakanni. Ko Bintar da ake kiran Inna da ita, daga kalmar Larabci ce mai nufin 'ya, wato 'yar Manzo. Baki bai taɓa samun matsala da waɗannan sunaye ba. Takarda ce take da matsala da su, kuma ni na riga na ɗanɗana.

Babban ɗana Abubakar Sadik ne. Da muka sa shi firamare, wanda ya rubuta rajista ya ɗauka Sadik sunan uba ne, ya bar nawa a waje. Ban ankara ba sai da ya kai aji uku, za mu canza masa makaranta, aka fito da takardar shaida na ga yaro ba ubansa a jiki. Sai da na je kotu na yi takardar rantsuwa, na yi zarya ta kwana da kwanaki, kafin aka daidaita. Fom ɗin da ake ba mu gida uku yake da shi: sunan farko, sunan tsakiya, sunan uba. Duk abin da ya faɗa gidan tsakiya kuwa ya shiga haɗari, yau a gutsure shi ya koma harafi ɗaya da ɗigo, gobe a yar da shi gaba ɗaya. Na hango sunan Hajiya ya koma "Z." a katin jarrabawa. Ban haɗa sunayen don ɗaya ya zama bara ga ɗaya ba.

Daren Juma'a na zauna da takarda da biro ina gwada rubutawa. Harafin nan na Larabci da muke kira ɗa mai hannu, bakin Bahaushe ya raba shi gida-gida: wani ya ce Faɗimatu, wani ya ce Fatsima, boko kuma ya ce Fatima. Raina ya fi kwanciya da Faɗimatu, haka Gwaggo ta faɗa mini shi ranar da na tambaye ta. Amma na sha ganin yadda kwamfutocin ofis ke yi da haruffanmu masu lanƙwasa, ko su miƙe ƙugiyar, ko su fito da wani ɗan akwati a gurbin harafin. A matsayina na malamin Hausa wannan yana ci mini rai, kuma ina ganin gyara ne da ya kamata a ce an yi tuni. Sai dai ba da takardun jaririya zan yi wannan yaƙi ba. Na rubuta Fatima.

Kashi na biyu ya fi ba ni wuya, saboda hamzar ƙarshe. Washegari na je wurin wani abokina da ke sayar da tikitin jirgi, na nuna masa. Ya ɗauko fasfonsa ya buɗe, ya sa yatsa kan layuka biyun nan na can ƙasa da na'ura ke karantawa, kowanne mai gurbi 44. Ya ce a ƙa'idar da ƙasashen duniya ke bi, waɗannan layuka ba sa ɗaukar komai sai manyan haruffa da lambobi da wata alama mai kama da bakin kibiya. Alamar hamza zubar da ita ake yi, Zahra'u ya koma ZAHRAU. Ƙaramin layin da ake sa wa tsakanin kalmomi kuwa, bakin kibiya ɗaya ake mayar da shi, daidai da yadda ake yi wa fili, saboda haka ba ya kawo cikas. A tikiti ma, in ji shi, sau da yawa manne sunayen ake yi su zama kalma ɗaya. Shawararsa ita ce in rage wa sunan duk abin da na'ura za ta iya tauna. Ban yarda na taɓa sunan Hajiya ba da izininta ba. Maiɗakina ta kira ta a waya, tana ta kewaye-kewaye, Hajiya ta gane inda aka dosa, ta ce, "Ni da tun ina yarinya Zara ake ce mini? Ku rubuta yadda zai yi mata sauƙi. Allah Ya yi muku albarka." Muryarta na rawa, ina ji daga inda nake zaune.

Haka muka tsaya a kan Fatima-Zahra.

Wannan ɗan layi na tsakiya, a ƙa'idojin rubutun Hausa karan ɗori muke ce masa. Ina koyar da shi duk shekara, da misalai irin su dafa-duka da faɗi-ka-mutu da ka-ce-na-ce. Aikinsa ya nuna cewa kalmomin da ya riƙe sun daina zaman kansu, sun zama sunan abu guda. Wanda ya raɗa masa wannan suna ya san abin da yake yi, domin daga wurin maɗori aka aro shi: karan da ake jerawa a ɗaure a kan karaya har ƙashi ya haɗe.

Ranar Lahadi muka je kasuwa sayen rago da Baffa, ƙanen mahaifina, wanda shi ne babba a gidanmu yanzu, kuma shi zai tsaya a raɗin suna. A hanyar dawowa na miƙa masa takardar. Ya nisanta ta da idonsa, ya ce, "Sunan ya yi, Allah Ya sa ta gaji masu shi. Amma wannan sandar ta tsakiya fa? Mu ba mu gaji suna da sanda ba. Wannan ai na Nasara ne." Ban musa masa gaba ɗaya ba, don akwai gaskiya a maganarsa. Mutanen Faransa ne suka yi fice da irin su Marie-Claire da Anne-Marie, kuma a Maroko, inda wannan suna na Nana ya yi yawa ƙwarai, da karan ake yawan rubuta shi da boko. Matar da aka zaɓa magajiyar garin Marrakesh a 2009, Fatima-Zahra Mansouri, haka ake rubuta nata.

Na ce, "Baffa, in Liman zai faɗi sunan, yana tsayawa a tsakiya?" Ya motsa leɓe yana gwadawa a hankali. Ba a tsayawa. Faɗimatuz Zahra'u, lam ɗin tsakiya narkewa yake yi cikin harafin da ke gabansa, harshe ya wuce da numfashi ɗaya. Na ce to abin da harshe ke yi ne nake son mai biro ya gani, kada ya raba abin da baki bai raba ba. Sannan na gaya masa sunan alamar da Hausa. Ya juyo ya dube ni. Ina shekara tara na faɗo daga bishiyar mangwaro na karye a hannun hagu, kuma shi ne ya goya ni a keke ya kai ni gidan maɗori. Shi ya danne ni a cinyarsa ana jan hannun, yana kallo aka fasa karan dawa aka jera, aka naɗe da tsumma. Ya kama hannun nawa ya latsa wurin, kamar mai duba ko ɗorin na nan. Ya ce, "To, a ɗora."

Talata ta zagayo aka yi suna, domin a lissafin Malikiyya da muke bi ba a ƙirga ranar haihuwa in an haihu bayan alfijir. Da aka idar da asuba aka shimfiɗa tabarmi a ƙofar gida, aka kawo goro da dabino. Baffa ya sunkuya ya raɗa wa Liman, Liman ya yi salati, ya ɗaga murya ya faɗi sunan cikakke da Larabcinsa, maroƙi ya karɓe ya shiga da shi har soro. Rabona da jin sunan Inna an faɗe shi a bainar jama'a tun ranar jana'izarta. Na sunkuyar da kai ina amsa "Allah Ya raya" ba tare da na ga masu miƙo mini hannu ba.

Aka yanka rago, wanzami ya zo ya yi aski. Na sa aka tattara mini gashin a ƙyalle, saboda wani abu da Liman ya faɗa mini a daren nan: Imamu Malik ya ruwaito a Muwaɗɗa cewa Nana da kanta ta auna gashin 'ya'yanta, Hasan da Husaini da Zainab da Ummu Kulsum, ta yi sadaka da azurfa daidai nauyinsa. Ban yi wa maza biyun haka ba, ban ma san da shi ba a lokacin. Da la'asar na kai ƙyallen wurin masu sayar da zinariya, aka ɗora a ƙaramin sikelinsu, da ƙyar ya motsa. Na tambayi kuɗin azurfar, na ƙara a kai, na bayar.

Hajiya ta iso daga Katsina tun ana gobe suna. Da aka fito da jaririyar an yi mata kwalli, ta karɓe ta ta daɗe tana kallo, ta ce, "Takwarata, kuma takwarar 'yar'uwata." Matan da ke ɗakin suka yi tsit. A nan ne kuma aka tsai da alkunya, tunda daga ni har uwarta babu mai iya kiran ko rabin sunan. Muka ce Ummi. Gwaggo ta ce ita dai Talatu ta sani. Wani abokin aikina ya tambaye ni daga baya, duk wannan wahala a kan sunan da ba zan taɓa kira ba? Na ce masa ai ba don bakina aka raɗa shi ba. Nata ne. Shi za a rubuta a takardar makarantarta, shi za a faɗa ranar ɗaurin aurenta, da shi za a yi mata addu'a bayan ba mu.

Tana da kwana 20 na je yi mata takardar haihuwa. Dokar 1992 ta wajabta rajistar haihuwa a Nijeriya, Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa ke yi, kuma kyauta ne cikin kwana 60 na farko. Na tafi da takardar da asibiti suka ba mu da katin shaidata, da kuma wata 'yar takarda da na rubuta sunan a jiki da manyan haruffa, karan ya fito raɗau. Jami'in ya ce, "Sunan yarinya?" Na miƙa masa. Ya duba ya ce, "Zahra a gidan tsakiya ke nan?" Na ce a'a, ranka ya daɗe, duka a gidan farko, a bar na tsakiya ba komai. Ya rubuta yadda na roƙa. Kafin ya buga hatimi na nemi ya ba ni na karanta harafi-harafi, ya miƙo mini ba tare da ya nuna gajiya ba. Duk mai shirin yin irin wannan suna, a nan ne ya kamata ya fi natsuwa, domin sauran takardu daga wannan suke kwafa. Lambar shaidar ɗan ƙasa mai alƙaluma 11 da za a yi mata, da wannan rubutu za ta tafi, kuma tun 2021 sai da lambar ake rajistar jarrabawar shiga jami'a. Abin da aka rubuta wa jaririya 'yar kwana 20 shi zai tarye ta tana 'yar shekara 17.

Ba ko'ina abin ya zo da sauƙi ba. Ranar rigakafin sati shida, a wani ƙaramin asibiti, matar da ke cike kati ta ji sunan daga bakin ƙanwata, ta rubuta "Fatima Z." ta tura katin gefe. Layi ya yi tsawo, jarirai na ta kuka, na san ta gaji. Duk da haka na fito da kwafin takardar haihuwar na roƙe ta ta gyara. Ta ce, "Malam, katin allura ne fa." Na ce na sani, a yi haƙuri a gyara. Ta ja tsaki ta soke ta sake rubutawa. Wani fom na intanet kuma, na inshorar lafiya ta wurin aikina, ƙin karɓa ya yi sam, ina sa karan yana fito da jan rubutu. A nan na yanke wa kaina ƙa'idar da nake bi har yau: inda na'ura ta ƙi kara, sai in bar fili a gurbinsa, amma kalmomin biyu su zauna tare a gidan sunan farko, kada ɗaya ta tsallaka gidan tsakiya. 'Yar takardar nan mai manyan haruffa tana cikin walat ɗina, ta yi laushi don naɗewa, na sake rubuta ta sau biyu.

Ummi ta shekara biyar yanzu. A gida yayanta Sadik ne kaɗai ke kiran sunan cikakke, shi ma sai in ta ɓoye masa takalmi. Zangon da ya wuce aka fara koya musu rubuta sunayensu, ta zo mini da littafinta. Haruffan sun karkace, wasu sun hau kan layi wasu sun faɗo ƙasa, karan kuwa ta ja shi dogo har ya kusa cinye rabin shafin. Malamarta ta zagaye shi da jan biro ta rubuta a gefe cewa a rage tsawo. Na ɗora ta a cinya, na kama hannunta muka sake jan shi tare, ta ce, "Abba, wannan na mene ne?" Na ce ta je ta tambayi Baffa ranar Juma'a in mun je gaishe shi, ta ce masa ya ba ta labarin bishiyar mangwaro.